Ɓarawon Lokaci: Abin da The Last of Us Ya Bari a Kan Ganye

Fim mai dogon zango na The Last of Us, wanda tashar HBO ta Amurka ta fara nunawa a watan Janairun 2023, ya aro dodonsa daga wata halitta ta gaskiya, amma rabin da ya fi arha ya ɗauko. Ya ɗauki cizo, ya bar agogo. Ƙarar da na shigar ke nan a wanga ɗan rubutu, kuma a kan fim ɗin da nake so na shigar da ita, wanda na san da yawa cikinmu sun kalla a waya, daga kat-memwar ɗin wannan zuwa ta wancan. Zango na farko kaɗai nake magana a kai, mai kashi 9. Wanda bai kalla ba shi yi haƙuri, sai na tona wasu wurare.

Ga labarin a taƙaice. Craig Mazin da Neil Druckmann ne suka tsara shi daga wasan bidiyo mai wannan suna da ya fito a 2013. A watan Satumban 2003 wata hunhuna da ake kira kodisef ta shiga garin alkama, daga nan ta shiga mutane. Wanda ya kamu sai hankalinsa ya gushe, ya koma bin mutane da cizo. Cikin ƴan kwanaki duniya ta rushe. Bayan shekara 20, wani mutum mai suna Joel, wanda ɗiyarsa Sarah ta rasu a daren farko, aka ɗora masa rakiyar wata yarinya ƴar shekara 14, Ellie, wadda cutar ba ta kamawa, daga Boston zuwa yammacin ƙasar.

In na ce hunhuna, ina nufin dangin gaba ɗaya: wadda ke fitowa a kan tuwon da ya kwana uku, da burtuntunar da ke baƙanta zangarniyar dawa, da laimar kwaɗi ta damina. A cikin wannan dangi akwai masu rayuwa a jikin ƙwari, kuma wurinsu fim ɗin ya je aro.

To bari mu ga me ya tarar can. A dazuzzukan kudancin Tailan akwai wata tururuwa mai gida a saman itatuwa. In ƙurar irin hunhunar Ophiocordyceps ta faɗa mata, takan huda fatarta ta yaɗu a jiki. Bayan kwanaki sai tururuwar ta bar hanyar ƴan uwanta, ta riƙa tangaɗi, ta faɗo ƙasa, ta hau ɗan ƙaramin tsiro. David Hughes da abokan aikinsa sun auna inda take tsayawa: kusan santimita 25 daga ƙasa, inda laima da zafi suka yi wa hunhunar daidai. Nan take kama jijiyar ganye ta ƙarƙashi da muƙamuƙinta, ba ta ƙara saki. Abin da suka wallafa a 2011 shi ne ya fi ɗaure mini kai: cizon nan yana da lokacinsa. Da rana tsaka ake yin sa. Tururuwar takan mutu bayan ƴan awanni, wajen faɗuwar rana, daga baya wani tsinke ya tsiro daga ƙeyarta ya riƙa zubo iri a kan masu wucewa. An ma samu burbushin ganye a Messel ta Jamus, mai shekara miliyan 48, da tabon irin wannan cizo. Tsohuwar sana'a ce.

Ba ita kaɗai ba ce mai duba agogo. Entomophthora muscae, wadda ke kama ƙudaje, da magariba take kashewa: ƙudan ya hau wuri mai tudu, ya manna bakinsa, ya ɗaga fikafikai, ya mutu, cikin dare iri ya fashe daga cikinsa. A Amurka kuma akwai wani ƙwaro mai ƙara kamar gyare, wanda Faransawa ke kira sigal, mai yin shekara 13 ko 17 a ƙarƙashin ƙasa kafin ya fito. Hunhunar Massospora tana nan cikin ƙasa tana jiran sa duk tsawon shekarun. In ta kama shi sai ta cinye bayan cikinsa ta maye gurbin da wani farin dunƙule kamar alli, shi kuwa yana ta tashi yana neman mace kamar ba abin da ya same shi. An samu katinon a cikin dunƙulen, sinadarin da ke cikin ganyen da ake taunawa a Yaman da Jibuti don wartsakewa. Sannan binciken Charissa de Bekker da ɗalibanta a Florida ya nuna tururuwan da suka kamu sukan daina bin tsarin dare da rana na gidansu, su riƙa fita kiwo ba kan ƙa'ida ba. Wato kafin hunhuna ta kashe, sai ta fara kwance agogon mai masaukinta, ta ɗaura nata.

Akwai wani abu guda kuma. A 2017 aka duba cikin tururuwar da ta kamu da na'ura mai ƙarfi, aka ga hunhunar ta cika jiki, ta nannaɗe tsokoki, amma ba ta shiga ƙwaƙwalwa ba. Ku tsaya ku yi tunanin wannan. Ƙwaƙwalwa tana nan, jiki ya koma hannun wani.

Yanzu mu koma fim. Me ya yi da wannan dukiya? Ya mai da ita mahaukacin kare. Masu cutar suna gudu, suna ihu, suna fasa taga da kai. An kasa su aji-aji gwargwadon daɗewa, daga masu gudu har zuwa makafin nan masu ƙyas-ƙyas da kawunansu suka tsage kamar kabewa. Masu kwalliyar fim sun yi aiki, wallahi ba na musu. Sai dai in ka cire musu kwalliyar, dodannin nan ba su da bambanci da gawarwakin da ke tashi a finafinan Amurka tun 1968, lokacin da George Romero ya fito da nasa. Lokaci guda ɗaya fim ɗin ya ba hunhunar, shi ne wanda ke jikin wata takarda da sojoji suka manna a bango a kashi na 1: cizo a wuya ko fuska minti 5 zuwa 15, a hannu ko ƙirji awa 2 zuwa 8, a ƙafa awa 12 zuwa 24. Wannan agogon masu bindiga ne, yana gaya musu yaushe za su harba. Bai ce komai ba game da yadda awannin ke gudana a cikin kan wanda aka ciza.

Abin haushin shi ne fim ɗin ya san lokaci ne zuciyar labarinsa. Ran da Joel ya cika shekara, Sarah ta ɗauki kuɗi a ɗakinsa ta kai tsohon agogonsa gyara, ta ba shi kyauta. A daren aka harbe ta, gilashin agogon ya fashe, ya tsaya. Shekara 20 yana ɗaure da montur ɗin nan da ba ta tafiya, har Ellie ta yi masa magana a kai ran da suka haɗu. Alama ce mai kyau, kowa ya gane: mutumin nan yana numfashi a 2023, amma zuciyarsa tana kwance a bakin hanya a Texas tun 2003. Kuma abin da ya aikata a asibitin Salt Lake City a kashi na 9, da ya karkashe mutane don ya ƙwato Ellie sannan ya yi mata ƙarya, daga tsayayyen agogon nan ya fito. Daren farko yake so ya sake, wannan karon ya fita da yarinyar a raye.

To ga tambayata. Me ya sa jarumi kaɗai aka ba ciki? Joel yana da lokacinsa na zuci, mai tsayawa da komawa baya. Miliyoyin da suka kamu kuwa an bar su fanko, kayan harbi. Na ce rabin da ya fi arha aka ɗauka saboda wannan: in dodo ba shi da ciki, kashe shi kyauta ne, mai kallo ba ya biyan komai.

Sau uku fim ɗin ya zo bakin ƙofar nan ya juya. A kashi na 3 Ellie ta tarar da wani mai cutar da gini ya danne a ƙarƙashin wani kanti. Ta tsuguna, ta tsaga goshinsa da wuƙa ta ga farin zare a ciki, ya bi ta da ido, ta soke shi. A kashi na 5 yaron nan kurma, Sam, ya nuna mata cizon da ke ƙafarsa, ya tambaye ta a rubuce ko mutum yana nan a ciki bayan ya rikiɗe. Ta yi alkawarin za ta kwana ido biyu tare da shi, barci ya sace ta, mu ma kyamara ta sa mu barci tare da ita. Da safe sai ga dodo zaune bakin gado. Daren Sam, wanda shi ne amsar tambayarsa, ba a nuna mana ko minti guda ba. A kashi na 7 kuma, Ellie da ƙawarta Riley an cije su tare, suka yanke shawarar ba za su kashe kansu ba, za su zauna su cinye abin da ya rage musu komai ƙanƙantarsa. A ganina nan ne fim ɗin ya fi tsayi. Nan ma aka yanke kafin awannin su fara.

Na san abin da wani zai ce a fada: ai malam labarin mutane ne, hunhuna hujja ce kawai ta rushe duniya don a ga halin ɗan Adam. Na yarda da rabi. Amma fim ɗin da kansa ya ɗaga mana buri. Ya buɗe da wata hira ta tele a 1968, inda wani masani ke bayanin cewa zafin jikinmu ne katangar da ta raba mu da yawancin hunhuna, kuma in duniya ta ƙara ɗumi katangar na iya faɗuwa. Maganar tana da tushe: digiri 37 na jikin mutum ya fi ƙarfin mafi yawansu, kuma masana irin su Arturo Casadevall sun danganta ɓullar Candida auris, wadda aka fara bayyanawa a Japan a 2009, da ɗumamar yanayi. Ya kai mu Jakarta a kashi na 2, wurin wata farfesa da ta duba gawa guda ta ce ba magani. Wanda ya shigo da ilimi haka ya yi alkawarin dodo mai sabuwar dabara. Daga baya sai ya bar jaki ya koma dukan taiki.

Bari in zana dodon da aka bari, don a ga girman asarar. A ce wata hunhuna ce, ƙirƙirarriya, wadda ba ta taɓa hankalin mutum ko halinsa. Yana gaisawa, yana dariya, ya san sunan ɗiyansa. Abu guda ta taɓa: ma'aunin da ke gaya masa an jima ko ba a jima ba. Buƙatarta irin ta ƴar uwarta ta Tailan ce, wuri mai laima da inuwa, da jikin da zai zauna can har ta nuna. Ba sai ta sa shi hauka ba. Ya ishe ta ta sa awa biyar a gindin rijiya ta zama masa kamar shan shayi zagaye ɗaya, minti goma a rana kuma su zama masa kamar yini. Da ƙafarsa zai je inda take so, kuma in ka tambaye shi zai ba ka dalili mai kyau.

Ba ma sai an yi nisa da gaskiya ba, don ma'aunin nan namu sako-sako ne. A 1962 Michel Siffre, wani matashin Bafaranshe, ya shiga kogon Scarasson ba agogo ba rana. Da aka ce masa wa'adi ya cika ran 14 ga Satumba, shi a lissafinsa 20 ga Agusta ne. Tun a shekarun 1930 Hudson Hoagland ya lura matarsa, tana fama da zazzaɓi, tana ƙirga sakan 60 da sauri gwargwadon hawan zafin jikinta. Hunhuna kuma ta riga ta san hanyar wurin. Daga wadda ke kama hatsin Turai Albert Hofmann ya haɗa LSD a Basel, kuma ran 19 ga Afrilun 1943 da ya sha ya hau keke zuwa gida, ji ya yi kamar ba ya motsi daga wuri guda, alhali mataimakinsa ya ce gudu suke yi. Ba ina cewa akwai hunhunar da ke yi wa mutum abin da ake yi wa tururuwa ba, babu ita. Cewa nake ƙirƙirar tana da ƙasar da za ta taka.

Me ya sa wannan dodo ya fi? Na ɗaya, wanda agogonsa ya karkace ba shi da hanyar sani daga ciki. Duk wanda ya yi makarantar allo ya san labarin Ashabul Kahfi, waɗanda Allah Ya kwantar shekara 309 don rahama, suka farka suna zaton ɗan lokaci kaɗan ne. Malaman tafsiri sun ce tsohon kuɗin da ɗayansu ya kai kasuwa ne ya tona. Darasin da marubuci zai ɗauka shi ne, lokaci a hannun jama'a yake. Ladan ne ke riƙe da shi, da zakara, da maƙwabciyar da ke daka, da kasuwar da ke ci ran Laraba. Mai irin wannan cuta dole ya zaɓa tsakanin abin da jikinsa ke rantse masa da abin da matarsa ke gaya masa. In kuwa rabin gari ya kamu, wa za a yarda da shi?

Na biyu, ba ka iya harbe shi. Bai ciji kowa ba. Baffanka ne, ya fita duba gona ya dawo bayan kwana uku yana mamakin kukan da ake yi. Duk sauƙin da Joel ke samu a bakin bindiga ya tafi, sai tambayoyi masu nauyi su rage. Uwar da ta bar jariri don ɗibo ruwa, a ganinta na ɗan lokaci, mai laifi ce ko marar lafiya? Wanda ya ci bashi zuwa kaka, kakar ta wuce shi bai ji ba, ya ci amana? Mai azumin da ya ga rana a sama amma jikinsa ya ce ya kwana biyu bai sha ruwa ba, ya zai yi? Labari mai irin waɗannan tambayoyi ba ya buƙatar gini ya ruguje.

Na uku, wannan dodo ya san gidanmu fiye da yadda ya san Boston. Mutumin da ke sayen abincinsa a kanti, in ya ɓata mako uku, aiki zai rasa. Manomin gero a Tessaoua ko Mirriah, mai damina wata uku zuwa huɗu, in ya yi kuskuren mako uku a shuka, shekara ya rasa. Ka zana ƙauye guda da ya ji a jikinsa cewa ruwan farko jiya ya sauka, alhali an kwana 20, suna zaune da iri a ƙwarya suna jiran ƙasa ta ɗan sha iska. Ba jini, ba ihu. Ni dai wannan hoto ya fi hana ni barci da mai kan kabewa.

Kuma hunhunar ƙwari ba baƙuwa ba ce a nan. A ƙarshen shekarun 1980 aka samu wata irin Metarhizium a jikin wata fara a Nijar, ita ce shirin LUBILOSA ya raina har ta zama maganin feshi mai suna Green Muscle, aka gwada ta a yankin Maine-Soroa a shekarun 1990. Tana kashe fara ba tare da ta taɓa tsuntsu ko mutum ba. Matsalarta guda, jinkiri: maganin guba yana zubar da fara a yini, ita sai ta ɗauki mako biyu ko uku, farar tana yawo da ajalinta a ciki, har tana shanya jikinta a rana don zafi ya rage wa cutar ƙarfi. Wanda ya ga farar dango ta 2004 da yunwar da ta biyo baya a 2005 ya san me mako biyu ke nufi ga mai gona. Ko a nan rigimar mutum da hunhuna rigimar lokaci ce, ita ba ta gaggawa, mu ba mu da halin jira.

Ina da gargaɗi guda ga wanda cikinmu zai ɗauki wannan dodo ya rubuta. Kar a mai da shi wa'azi. Na san jarabar: a ce hunhunar ita ce waya, ko TikTok, ko zaman fada, ko shekarun karatu da ke hawa kan juna har digirin shekara uku ya ci biyar. Mai karatu zai kawo waɗannan da kansa, ba sai an tura masa ba. In ka ce dodonka misali ne kawai, ka yi abin da HBO ta yi ta wata ƙofa, ka kwashe masa ciki. A ba hunhunar buƙatarta, da awarta, da wurin da take so, kamar yadda ta Tailan ke da rana tsaka da santimita 25. Sannan a shiga cikin wanda ya kamu a zauna. Ga kuma inda mu masu biro muka fi masu kyamara: kyamara tana nuna minti a matsayin minti, sai ta yi dabara kafin ta karya shi. Jimla kuwa tana iya haɗiye shekara tsakanin waƙafi biyu, mai karatu bai farga ba sai ya ga jaririn shafin baya yana tafiya. Ana iya sa mai karatu shi kansa ya kamu.

Hukuncina a kan The Last of Us shi ne, fim ne mai kyau game da uban da ya ƙi barin dare guda ya wuce, kuma Pedro Pascal da Bella Ramsey sun ɗauki nauyinsa yadda ya kamata. A matsayin labarin hunhuna kuwa, ya tsaya a fata. Sam ya yi tambaya, an bar shi ba amsa tsakanin tsakar dare da asuba. Awannin nan har yanzu ba wanda ya rubuta su, kuma rubuta su ba ya cin kuɗin Amurka. Biro ne da kaye, da jika guda ta fotokofi.